Ranar da Kawu Ya Shiga Layi

Baba da albasa ya fara. Tun ina ƙarami na san shi a tashar manyan motoci ta Illela, hularsa ta jiƙe da zufa, yana tsaye a kan 'yan dako suna loda buhuna a motocin da ke gangarawa kurmi. Yawancin albasar daga tsallaken iyaka take zuwa, kuma mai nemo ta ƙanen Inna ne, Kawu, mutumin Ƙonni ta Nijar. Shi ke shiga ƙauyukan wajen Galmi ya yi ciniki tun albasa na cikin ƙasa. Shi ya san gonar da amfaninta ke jure ajiya da wadda nata zai ruɓe kafin mota ta kai gadar Jebba. Baba kuma ya san masu saye a kudu. Da wannan aka gina gidanmu.

Duk Lahadi, ranar kasuwa, Kawu zai iso a kan babur ɗinsa mai lambar Nijar, ya jingine shi a zaure ya wuce cikin gida. Tsakaninsa da Baba wasa ne irin na mutum da ƙanen matarsa, kuma ban taɓa ganin sun gaji da shi ba.

"Mijin yaya, tumbin ga naka da albasata anka gina shi. Ran da na bar kawowa sai wandonka ya zame."

"Ka ci tuwonmu ka koma kana zagin naira," in ji Baba. Sai ya juya wajen Inna. "Ke, ƙara mashi miya, can gidanku ba su da ita."

Ni kuwa "ɗan lakwal" Kawu ke ce mini, wato ɗan makaranta a bakin mutanen can. Ba ni da yawan magana, taro kuma tsoro yake ba ni. Wurin ɓuyana shi ne rudun Baba, bukkokin kara da ake jibge albasa a cikinsu a kan katako don iska ta riƙa bi ta ƙasa. Can nake shigewa da littafina. In Kawu ya leƙo ya gan ni sai ya ce, "Wanga yaro sai ya tsiro ganye bisa kai," ya jefo mini dabino ya wuce.

Akwai mutum na uku da ke zama da su ranar Lahadi, sarkin 'yan dakon tasha. Ƙato ne, yana ɗaukar buhun albasa kamar matashin kai. Kawu ne ya koya masa shan shayi irin na Buzaye, kuma shi ke kawo masa ganyen daga Ƙonni. Sukan zauna a inuwar mota, Kawu na fifita gawayi, sarkin dako na riƙe da ƙaramin kofin da ya ɓace a cikin tafin hannunsa.

Siyasa ta shigo gidanmu ta hanyar tasha. Masu karɓar haraji sun addabi 'yan kasuwa, kowace kusurwa da igiyarta ta tare hanya da mai riƙe da ita. Dillalai suka taru suka ce suna son nasu a majalisar ƙaramar hukuma, suka nuna Baba. Ya yi ta nonnoƙewa, daga baya ya amsa. Jam'iyya ta tsayar da shi kansila ba tare da hamayya a cikin gida ba.

Ranar wannan zaɓen na fara ganin jinin mutum yana gudu a ƙasa. A makarantar firamaren unguwarmu aka yi. Da aka zo ƙidaya, wani saurayi na ɗaya jam'iyyar ya suri akwati ya nufi katanga da gudu. Sarkin dako ya bi shi. Yana riƙe da ƙugiyar ƙarfen nan da suke cafkar buhu da ita, ita ya kafa masa a kafaɗa ya fizgo shi daga kan katangar. Naman ya buɗe har ana ganin fari. Saurayin bai yi ihu nan take ba, kallon kafaɗar ya tsaya yi kamar ta wani ce, sannan ya zube. Aka ɗauke akwatin daga ƙarƙashinsa aka ci gaba da ƙidaya.

Baba bai ci abinci ba ranar. Ya aika aka yi wa yaron ɗinki, ya kira sarkin dako ya yi masa faɗa a gabanmu. Amma bai kore shi ba.

Ba zan ce Baba bai yi aiki ba da yana kansila. An cire yawancin igiyoyin haraji, an yi kwalbati a hanyar tasha, an haƙa rijiyar burtsatse a unguwar da mata ke sayen ruwa. Ya sayi babura ya raba wa matasan 'yan dako suna kabu-kabu tsakanin Illela da bakin iyaka. Waɗannan samarin su suka zama mutanensa. Zaurenmu ya cika da su, idanunsu jajur da ƙwaya, suna kiransa "Onarabul" da ƙarfi ko da yana kusa. Wata rana na shiga rudu da littafina na tarar da gorori da adduna a jere a ƙarƙashin katakon albasa. Na fito, ban sake komawa ba. Lokacin da suka fasa wa wani mai karɓar haraji baki da sarƙar babur, Baba cewa kawai ya yi, "Yara, ku riƙa yi a hankali," ya ci gaba da cin tuwonsa.

Ina makarantar gaba da sakandare a Sakkwato ya ce zai nemi majalisar dokokin jiha. Wannan karon akwai mai neman kujerar a cikin jam'iyya, wani babban ɗan canji da ke da rumfa a bakin iyaka, shi ma da nasa samarin. Kafin ranar fidda gwani an riga an yi ta fafatawa. An yanke wa wani yaron Baba kunne a kan liƙa hoto. Yaran Baba suka kama babur na ɗaya ɓangaren suka zuba masa fetur a tsakiyar titi, mai shi ya tsira da ƙunar ƙafa. Na dawo hutu na tarar Inna ta hana ƙannena zuwa ko shagon bakin layi.

Jam'iyya ta ce ƙato bayan ƙato za a yi. Ba akwati, ba takarda. Ɗan takara zai tsaya, masu son sa da ke da katin jam'iyya su yi layi a bayansa, jami'ai su bi suna dafa kafaɗa suna ƙirgawa. Kowa na ganin inda kowa ya tsaya.

A nan Inna ta yi abin da kowace mace ta garinmu za ta yi. A wurinmu, in mijinki na da sha'ani, suna ne ko biki ko dawowa daga Makka, dole ki aika wa danginki su zo su yi masa kara. In ba su zo ba, abin gori ne a kanki har tsufa. Iyaka ba ta taɓa shiga wannan lissafin ba, don rabin gidajen Illela kakanninsu na kwance a Ƙonni. Inna ta ji ana cewa ranar da za a ga wanda ke da mutane ce, sai ta aika gida. Ba ta gaya wa Baba ba, don ba abu ne da ake neman izni a kansa ba.

Da hantsi suka iso filin makarantar, Kawu da 'yan uwansa kaɗan, sun sha shadda iri ɗaya. Suka gaisa da mutane suka zauna a gindin dogon yaro. Ni ina cikin layi, karo na farko a rayuwata, da katina a aljihu. Baba na can gaba riƙe da hotonsa. Layin ɗan canji na gefe, tsakaninmu bai fi faɗin mota ba, ana jifan juna da baƙar magana.

Rana ta yi zafi, ƙidaya ba ta fara ba. Sai na ji an dafa ni ta baya. Kawu ne.

"Matsa, ɗan lakwal."

"Kawu, ba ka da kati," na ce a hankali. "Ƙirgawa za a yi."

"Su ƙirga abinsu, su tsallake ni. Ni ba ƙuri'a ta kawo ni ba. Mijin yaya na tsaye ga rana, ni ina zaune ga inuwa? Mi za ni ce mata in na koma cikin gida?"

'Yan uwansa suka ga ya tashi, su ma suka taso suka jeru a bayansa.

Babu wanda bai san Kawu ba a filin nan. Ɗan canjin kansa ya sha canza masa sefa. Shi ya sa ba a daɗe ba wani daga layinsu ya ɗaga murya, "Ga 'yan Nijar nan an shigo da su. Ga su nan da anko." Maganar ta bi layi kamar wuta a ciyawa. Samari suka yo kanmu. Aka kama wuyan rigar Kawu aka ja shi tsakiyar fili, shaddar ta yage har cibiya. 'Yan uwansa suka watse, aka bi su da gora, na ga ɗaya ya faɗi ya tashi yana riƙe da ƙeya. Wasu suka jawo babur ɗin Kawu daga gindin bishiya suna nuna lambarsa.

Jami'in da jam'iyya ta turo daga Sakkwato ya taho da 'yan sanda a bayansa. Baƙo ne, shi kaɗai ne a wurin bai san komai ba. Ya sa aka tsaya da duka, ya ce a kira Baba. Ya yi magana a fili kowa na ji: in ta tabbata ɗan takara ya shigo da mutanen wata ƙasa cikin layinsa, an soke shi ke nan, ba a ma ƙirga ba.

"Alhaji, ka san wannan mutumin?"

Kawu na durƙushe, leɓensa ya fashe, amma murmushi yake yi. Ina jin ya ɗauka abin zai ƙare da dariya, a ce ƙanen mata ne ya zo kara, a ba shi haƙuri ya koma inuwa. Baba ya kau da ido. Ban san lokacin da na fito daga layi ba. Ni da ko a aji ba na ɗaga hannu, na ji muryata na cewa, "Kawuna ne. Ƙanen innata ne. Kara ya zo yi."

Jami'in ya dube ni, ya dubi Baba.

"Yaron ga ruɗewa ya yi," in ji Baba, bai kalli inda nake ba. "Ban san shi ba. Su sunka turo shi ya ɓata mani layi."

Mutane suka dubi juna, don ƙarya ce da kowa ya san ƙarya ce, kuma kowa na jiran ya ga yadda za a yi da ita. Yaran Baba suka yi da ita yadda suka iya. In har mutumin ɗan canji ne aka turo, to dole a ga sun hukunta shi, in ba haka ba baƙon zai gane. Sarkin dako ne ya fara. Ya ɗaga gora da hannu biyu. Kawu ya kare kansa da damtse, na ji ƙarar ƙashin kamar an taka busasshen kara. Sauran suka rufa. Yaran ɗan canji, da suka fara jan sa, suka koma gefe suna kallo.

Na faɗa kansa na rufe shi da jikina. Wani ya sauke mini gora a tsakiyar kai, wani ya ja ni ta ƙafa ya yar gefe. Jini ya rufe mini ido ɗaya. Da ɗayan na ga yaron da Baba ya fara ba babur, wanda Inna ke zuba wa abinci a kwanon gidanmu, yana taka fuskar Kawu da takalmi. Aka cinna wa babur ɗin wuta. 'Yan sanda suka harba barkonon tsohuwa, mutane suka watse suna tari, sannan aka sake kiran layi. Ina kwance kusa da Kawu ina jin jami'in na ƙirga kafaɗu.

Babu mai motar da ya yarda ya ɗauke mu, kowa na gudun a ce ya san shi. Wani mai amalanken jaki da ke dakon kaya zuwa iyaka ne ya tsaya, ya taya ni muka ɗora shi a kan buhunan wofi. Na ce mu nufi asibitin gari. Kawu ya girgiza kai, bakinsa cike da jini.

"Kai ni gida."

Haka muka bi titi da rana tsaka, jakin na tafiyarsa ba sauri, hannun Kawu na lilo ta inda ba gaɓa. A bakin iyaka jami'an ɓangarorin biyu suka leƙa, suka gane shi, babu wanda ya tambaye mu takarda. A asibitin Ƙonni aka ɗinke mini kai. Shi an ɗaure hannun, amma bai sake miƙewa ba, idonsa na hagu kuma ya tafi.

Baba ya ci fidda gwani. Washegari da na dawo gida da bandeji, na tarar Inna ta ɗaure kayanta a zane. Ba ta ɗaga murya ba, ba halinta ba ne. Suna tsaye a tsakar gida, ni ina bakin ƙofa.

"Ni ma ba ka san ni ba ke nan," in ji ta. "Ciki guda munka fito."

"Wa ya ce ki aika masu? Da na ce na san shi, da komi ya ƙare nan take. Ban ce kowa ya taɓa shi ba."

"Ba ka ce a bari ba."

Ta tafi jinya, ta daɗe. Cikin kwanakin aka ƙone rudun Baba gaba ɗaya. Har yau ban san ko yaran ɗan canji ne ko wasu daga Ƙonni ba. Unguwa ta yini tana warin gasasshiyar albasa, yara na tono ta daga toka suna ci. Yaran Baba suka rama a kan rumfar ɗan canji, suka sassari mai gadinsa. Babban zaɓe ya zo da nasa jinin, an kashe wani saurayi a wata mazaɓa ta ƙauye, kowane ɓangare ya ce nasa ne. Baba ya ci. Aka rantsar da shi a Sakkwato, aka ba shi mota da ɗan sanda.

Kasuwancin albasa kuwa ya mutu. Manoman da Kawu ya haɗa shi da su suka daina sayar masa, ba tare da sun faɗi dalili ba. Daga nan siyasa ta zama ita kaɗai ce sana'ar gidanmu, kuma ina ganin wannan ya ƙara ɗaure bakin Baba fiye da komai.

Ya yi ta aike zuwa Ƙonni. Shinkafa, magani, sabon babur, har kujerar Makka. Duk Kawu ya mayar. Ni nake kaiwa, ni nake dawowa da su, don ni kaɗai ne daga gidanmu maza yake bari in zauna a tabarmarsa. Saƙonsa bai taɓa canzawa ba.

"Ka ce mashi ba ni son komi nashi. Gaban mutane ya ce bai san ni ba, ga filin makaranta, da rana. Can nika son ya tsaya ya ce ya san ni. Shi ke nan, sai mu koma cin tuwo."

Sarkin dako da kansa ya je, ya durƙusa a ƙofar gidan yana kuka kamar yaro. Kawu ya sa aka ba shi ruwa, ya ce ya yafe. "Kai sanda ce, mi za ni ce ma sanda? Tashi ka tahi." Amma bai fito da kayan shayi ba.

Baba bai taɓa cewa ba zai yi ba. Da farko ɗan canji ya kai ƙara kotu a kan fidda gwanin, lauyoyi suka ce kada ya kuskura ya buɗe baki. Da aka kori ƙarar, ya ce a bari ƙura ta lafa. Daga baya ya ce ana neman ba shi shugabancin wani kwamiti, maƙiya na jiran abin kamawa. Ya yi magana a majalisa a kan hanyar ƙauyuka da kan wahalar 'yan kasuwar iyaka, aka sa a rediyo, mutane suka yaba. Inna ta dawo gida saboda ƙannena, tana dafa masa abinci, tana amsa gaisuwarsa, ba ta wuce nan. Haka zango ya ƙare, na gama makaranta, aka shiga neman na biyu.

Inna ce ta samo alkawarin. Za a yi babban gangami a filin makarantar nan, ta ce masa ga fili ga rana ga mutane, in bai faɗa ranar ba kada ya sake aika kowa Ƙonni. Ya ce ya ji, zai faɗa. Ta sa ya maimaita a gabana.

Na je na ɗauko Kawu a babur. Tun ranar da amalanke ya fitar da shi bai sake taka Illela ba. Ya sa farar riga, ya rataye shanyayyen hannun a cikinta, ya riƙe ni da mai lafiyar. A hanya har ya yi mini tsiya, ya ce ina tuƙi kamar mai ɗauke da ƙwai. Na sama masa kujerar roba a sahun gaba, daidai inda Baba ba zai iya kauce wa ganinsa ba. Mutane suka riƙa zuwa suna gaishe shi, wasu na sunkuyar da kai.

Baba ya hau dandamali, sarkin dako a bayansa. Ya karɓi lasifika. Na saurari kowace kalma, don haka zan iya faɗin yadda ya jero su. Ya gode wa Allah. Ya gode wa shugabannin jam'iyya ɗaya bayan ɗaya. Ya gode wa sarakuna, da malamai, da mata, da 'yan kabu-kabu, aka yi ta shewa. Idonsa ya sauka a kan Kawu, ya gyara hula. Na ji Kawu ya gyara zama. Sai Baba ya shiga lissafin rijiyoyin da ya haƙa. Daga rijiyoyi ya koma kan hanya, daga hanya ya koma takin zamani.

Yana kan takin ne dutsen farko ya faɗo ta bayan katanga, ya sami wata mata a goshi. Sai ga su kamar ruwan ƙanƙara. Samarin ɗaya jam'iyyar suka hauro da adduna, na Baba suka tare su a tsakiyar fili. Rumfa ta karye ta faɗo kan mutane. Na ga an sari wani a wuya yana gudu, ya ci gaba da gudun kaɗan kafin ya kife. Sarkin dako ya rungumi Baba ya tura shi cikin mota, ya rufe ƙofa da bayansa, motar ta fasa taro ta fice.

Kawu bai tashi daga kujerarsa ba sai da na ja shi. Na kifa mana kujerar a ka, muka bi gefen ajujuwa a sunkuye, duwatsu na dukan robar. Wani yaro ya sha gabanmu da gora a ɗage, ya dubi fuskar Kawu da ramin idon, ya sauke hannu ya wuce neman wani.

Muka sami babur inda na ajiye shi, muka kama hanyar iyaka. Da muka kusa, ni na fara magana.

"Wataƙila da ba su yi jifa ba, Kawu, da a ƙarshe zai faɗa."

"Kai da ka yi karatu, ka ji shi da kunnenka. Har taki ya samu wuri." Ya taɓa ni a kafaɗa. "Tsaya nan, sauran na taka da ƙafa."

Na ce in kai shi har gida, ya ƙi. Ya sauka, ya kakkaɓe rigarsa da hannu ɗaya.

"Ka ce ma yaya ta bar wahal da kanta. Ta zo duk sadda ta so, kai ma haka. Amma kada kowa ya sake kawo mani alkawari."

Na tsaya har ya wuce shingen ya shige cikin masu amalanke.

Da na koma gida la'asar ta yi. Zaure babu kowa, samarin duk suna asibiti ko ofishin 'yan sanda. Baba na zaune shi kaɗai a falonsa, ya cire babbar riga, akwai jinin wani a hannun 'yar cikinsa. Na gaishe shi zan wuce, ya tsayar da ni.

"Ya isa lahiya?"

Ban taɓa mayar wa Baba tambaya ba tun da nake. Na dubi ƙasa na ce, "Wa, Baba?"

Ya waiga wajen ƙofa. Ina jin motsin tukunya daga madafa, inda Inna take, nesa da inda murya za ta kai.

"Ƙanen uwarka," ya ce. "Abokin cinikina."

Na ce ya isa lafiya. Ya gyaɗa kai, ya jawo wayarsa da ke ta ƙara, ya amsa kiran shugaban jam'iyya.